Babi Na Tara: Wanda Kotu Ta Saki, Wa Zai Mayar Masa Da Sunansa?

Masu shirya wasan kwaikwayo na talabijin sun daɗe da gano cewa babu labarin da ke zaunar da mai kallo wuri ɗaya kamar na mutumin da aka ɗaure a kan laifin da bai ji ba bai gani ba. A Zongon Lome, kamar a Nima ta Akara da Fagge ta Kano, samari sun bi Prison Break tun yana kan faifai har ya koma cikin waya, iyalai kuma sun kalli fina-finan Indiya masu fassarar Hausa inda jarumi kan fito daga gidan kaso ya bi waɗanda suka ƙulla masa sharri ɗaya bayan ɗaya. Akasarin irin waɗannan labarai hanya biyu suke bi su ƙare. Ko dai a buɗe ƙofar kurkuku, uwa ta rungume ɗanta, kiɗa ya tashi, a rufe shiri. Ko kuma jarumin ya fito ya tarar da dukiya da ubangida mai ƙarfi, ya shiga ramuwar gayya. Shirin Ezel na Turkiyya, wanda aka fara nunawa a 2009, ya kai hanya ta biyu maƙura: an yi wa jarumin tiyata an sauya masa fuska, an ba shi sabon suna, ya koma cikin waɗanda suka ci amanarsa ba su gane shi ba. Marubucin ya san inda gizo ke saƙar, shi ya sa ya kauce wa wurin. Wanda aka saki a zahiri da fuskarsa ta jiya zai koma layinsu, da sunan da aka kira a kotu, ya shiga sahu a masallacin da aka sha yin maganarsa bayan sallar isha'i. Hukuncin alƙali gangar jiki kawai yake fitarwa daga kurkuku. Mutunci da amana sai jama'a sun mayar wa mutum da su da gangan, a fili, kuma wasan da ya tsaya a bakin ƙofa ya bar sashen labarin da ya fi shafar mai kallo.

Babu inda wannan magana ta fi fitowa sarari kamar Zongo, saboda yadda aka gina arzikinsa. Michel Agier, masanin zamantakewa ɗan Faransa da ya zauna cikin mutanen Zongon Lome a ƙarshen shekarun 1970, ya wallafa bincikensa a 1983, ya nuna cewa fatauci a nan a kan mai gida yake tafiya: shi ke saukar da baƙo, ya ba shi makwanci da abinci, ya haɗa shi da mai saye, ya tsaya masa. Kafin shi Abner Cohen ya tarar da tsari iri ɗaya wajen Hausawan Sabo a Ibadan. A dubi cinikin sa guda. Bafatake ya sauke shanunsa daga babbar mota bayan kwanaki a kan hanya daga Nijar ko Burkina Faso. Mahauci ya zagaya san, ya dafa tozo, ya matsa cinya, dillali ya shiga tsakani, ana tayi ana albarka har a sallama. Sau da yawa mahaucin ba ya biya nan take, sai ya yanka ya sayar. Babu takarda, babu sa hannu. Abin da ke sa baƙo ya saki igiyar dabbarsa ga wanda bai taɓa gani ba shi ne mai masaukinsa ya ce, "Na san shi, yana wuyana." A 1977 gwamnatin Janar Gnassingbé Eyadéma ta rushe tsohon Zongo da ke tsakiyar birni, ta kwashe mutanensa zuwa bayan gari, kimanin kilomita 15 a kan hanyar da ta nufi arewacin ƙasar, wajen da ake kira Agoè-Zongo a yau. Gidaje sun tafi, amma fatauci bai mutu ba, domin sanayya ta bi mutane zuwa sabon mazauni. Wanda aka ɗaure bisa kuskure akasin haka yake gani: yana iya dawowa ya tarar da ɗakinsa a tsaye, amma babu mai cewa yana wuyana.

Kafin ma a kai ranar saki, asara ta riga ta yi nisa. Babban kurkukun Lome tsohon gini ne da ke ɗauke da ninkin ba ninkin mutanen da aka gina shi dominsu, har a 2019 kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya mai yaƙi da azabtarwa ya nemi Togo ta rufe shi. Abincin hukuma ba ya isa, don haka nauyin ciyar da na ciki a kan na waje yake. Matarsa za ta dafa tun da asuba, ta zuba a kula, ta hau zemijan, wato babur ɗin haya, daga Zongo ta ratsa birnin gaba ɗaya, ta bi layi, ta dawo da la'asar ba ta sayar da komai ba a ranar. Kuɗin abin hawa da na lauya su cinye keken ɗinki da 'yan kunnen aure. Zubin adashi ya gagara, a cire sunanta. Hayar shago ta taru, mai shago ya ba wani. Yara su bar makarantar kuɗi. Idan ciyarwa ta yanke gaba ɗaya, shari'a ta ba matar damar neman a raba auren, kuma babu mai adalcin da zai zarge ta. Waɗanda mutumin ke bi bashi su yi shiru, waɗanda ke binsa kuwa lissafinsu na nan a rubuce. Duk wannan na faruwa ko yana da laifi ko ba shi da shi, kuma ranar da alƙali ya ce a sallame shi babu ko ɗaya daga cikin waɗannan da ke dawowa da kansa.

Lome ta ga wannan da idonta. A watan Janairun 2013 gobara ta cinye babbar kasuwar Kara, bayan kwana biyu wata ta cinye babban ginin kasuwar Adawlato a Lome, dukiyar dubban 'yan kasuwa ta zama toka. Aka kama mutane da dama, yawancinsu 'yan adawa, har da tsohon firaminista Agbéyomé Kodjo. Ɗaya daga cikinsu, Étienne Yakanou, ya rasu a tsare a watan Mayun shekarar. Waɗansu sun kai kimanin shekara biyar a ciki, sai a 2018 aka sallame su a matsayin matakin kwantar da hankali, lokacin tattaunawar siyasa da Shugaban Ghana Nana Akufo-Addo ya shiga tsakani. Sun fito ba tare da wata kotu ta ce sun aikata ko ba su aikata ba. Ba aikin wannan babi ne ya faɗi wanda ya kunna wutar ba. Abin lura shi ne halin da irin wannan saki ke barin mutum a ciki: 'yar kasuwar da ta rasa jarinta ba ta samu amsa ba, shi kuma wanda aka zarga bai samu takardar da zai nuna mata ba. Wannan ya ma fi ɗauri bisa kuskure yawa a ƙasashenmu, domin a Togo fiye da rabin na kurkuku masu jiran shari'a ne, a Najeriya kuwa sun kai kusan kashi biyu cikin uku. Mutum ya yi shekara uku yana jira, a kori ƙarar don babu shaida, ya fito unguwa ana nuna shi da baki ana cewa tsohon ɗan kaso.

Ko inda kotu ta yi magana ƙarara, hankalin duniya a ranar hukunci yake tsayawa. Safiya Hussaini ta Tungar Tudu an yanke mata hukuncin jefewa a Gwadabawa a watan Oktoban 2001, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta Sakkwato ta soke hukuncin ranar 25 ga Maris 2002. Amina Lawal ta Kurami an yanke mata irinsa a Bakori a 2002, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta Katsina ta rushe shi ranar 25 ga Satumba 2003, bisa dalilan da ke cikin fiƙihun Malikiyya kansa. An kai Safiya birnin Rum an karrama ta, 'yan jaridar duniya sun cika harabar kotun Katsina, sannan kowa ya naɗe kayansa, matan biyu suka koma ƙauyukan da kowa ya san abin da aka zarge su da shi. A kwatanta da Manjo Hamza Al-Mustapha, wanda aka tsare tun 1998, aka yanke masa hukuncin kisa a Legas a Janairun 2012, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta sallame shi a Yulin 2013. Ko mene ne ra'ayin mutum a kan shari'ar tasa, kowa ya ga taron da ya tarbe shi a Kano, kuma bayan haka ya tsaya takarar shugaban ƙasa. Taron nan ya yi masa abin da takardar kotu ba ta iya yi: ya shaida wa duniya cewa akwai masu tsaya masa. Dillalin tumaki ko mai ɗinkin hula da ya fito a ranar da babu kyamara ba shi da wannan, alhali shi ya fi bukatarsa.

Akwai shirye-shiryen da suka yi ƙarfin halin shiga wannan sashe na bayan saki. Rectify, wanda aka nuna a Amurka daga 2013 zuwa 2016, daga ranar saki ya fara. Jaruminsa ya yi shekara 19 yana jiran a kashe shi, gwajin ƙwayoyin halitta ya rushe hukuncin, ya koma ƙaramin garinsu a jihar Jojiya inda rabin mutane ke ganin shi ne dai ya yi kisan. Zangon farko gaba ɗaya a kan makonsa na farko a gida ya ƙare: bai iya barci a ɗaki buɗe ba, ɗan mijin mahaifiyarsa na fargabar zai ƙwace masa gurbi a shagon tayoyin gidan, masu saye na janye jiki. When They See Us na Ava DuVernay, wanda Netflix ta fitar a 2019, labarin gaskiya ne na yara biyar da aka ɗaure kan fyaɗen da aka yi a wani lambun shaƙatawa na New York a 1989. Shirin ya ware kashi guda ya nuna su bayan sun fito suna neman aiki ana korarsu, har ɗayansu ya faɗa sayar da ƙwaya ya koma ciki. An soke hukuncinsu a 2002 bayan ainihin mai laifin ya amsa, amma diyyar kimanin dala miliyan 41 sai a 2014 ta zo. Ɗaya daga cikinsu, Yusef Salaam, a 2023 mutanen Harlem suka zaɓe shi ya wakilce su a majalisar birnin. Daga kamu zuwa wannan zaɓe shekara 34 ne, a ƙasar da ke da lauyoyi da kuɗi da jaridu.

Mai karatu zai iya cewa wannan lissafin Turawa ne. Mu Musulmi mun san ƙaddara, wanda aka zalunta ya yi haƙuri ya bar wa Allah. Amsar na cikin shirin da gidajen Hausawa da yawa suka kalla, wato tarihin Annabi Yusuf, alaihis salam, mai kashi 45, da Farajollah Salahshoor ya shirya a Iran a 2008, aka kuma fassara shi da Hausa. Malamai da dama sun ƙi amincewa da nuna surar annabi a fim, kuma suna da hujjarsu, amma ƙissar tana cikin Alƙur'ani ga kowa. Da manzon sarki ya zo fitar da Annabi Yusuf daga kurkuku, bai yi gaggawar fita ba. Ya mayar da manzon, ya nemi a binciki al'amarin matan nan tukuna, har matar Aziz ta amsa a gaban sarki cewa shi mai gaskiya ne. Bayan nan ne aka danƙa masa taskokin ƙasa. Babu wanda ya fi shi haƙuri, amma bai ɗauki afuwa a madadin wankewa ba, domin wanda ake shakkarsa ba a ba shi ajiya. Fiƙihu ma bai bar abin ga haƙuri kawai ba. An ruwaito cewa mutum biyu sun yi shaidar sata a gaban Sayyidina Ali, aka zartar da hukunci, daga baya suka dawo suka ce sun yi kuskuren mutum, sai ya ɗora musu diyya ya kuma ƙi karɓar shaidarsu a kan na biyun. Risala, wadda almajiran zaurukan Zongo ke karantawa, ta ɗora wa mai shaidar zur biyan abin da shaidarsa ta lalata. Haƙuri tsakanin bawa da Ubangijinsa ne, bai sauke wa maƙwabta da hukuma haƙƙin da ke kansu ba.

Suka ta biyu ta fi nauyi, kuma ita ce ake ji a majalisa: ruwa ba ya tsami banza. Kotu kan saki mutum don shaidu sun ƙi zuwa, ko fayil ya ɓata, ko an sayi wani. Mai gida kuwa dukiyar baƙinsa ce a hannunsa, ba zai yi caca da ita don tausayi ba. Gaskiya ne ba duk wanda aka saki ne mai gaskiya ba. Amma mutanen Zongo sun fi kowa sanin yadda ake kamu. Sun san yaron shagon da aka tafi da shi don ya sayi waya a hannun wanda bai sani ba, da direban da aka samu kaya a motarsa bai san abin da ke cikin buhu ba, da baƙon da ba ya jin Faransanci ko Ewe aka karanta masa takarda ya dangwala yatsa. Unguwar kanta ta sha zama abin zargi a bakin waɗanda ba su san ta ba. Wanda ya san haka bai kamata ya ɗauki kamun jandarma a matsayin hujja ba, bayan kotun da aka kai maganar ma ba ta samu hujjar ba. Kuma babu mai cewa a damƙa wa wanda ya fito garken shanu ran farko. Zongo na da hanyar da yake gwada kowane sabon zuwa: a ba shi kaya kaɗan, ya dawo da ciniki, a ƙara masa. Abin da ake nema shi ne a bar shi ya shiga wannan gwaji kamar kowa. Baƙon da ya sauka jiya daga Maraɗi ana ba shi wannan dama. Hana ta ga ɗan unguwa da aka zalunta hukunci ne na biyu, wanda babu alƙalin da ya yanke shi, babu kuma inda ake ɗaukaka ƙararsa.

Suka ta uku ta ce gwamnatocinmu talakawa ne, ba su da dala miliyan 41. Sai dai su da kansu suka ɗauki alkawarin. Togo ta shiga yarjejeniyar duniya kan 'yancin ɗan adam na farar hula da siyasa a 1984, Najeriya a 1993, kuma yarjejeniyar ta wajabta diyya ga wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba da wanda aka ɗaure bisa kuskure. Sashe na 19 na tsarin mulkin Togo na 1992, wanda aka yi aiki da shi har 2024, ya ɗora wa gwamnati biyan ɓarnar da kuskuren shari'a ya jawo. Sashe na 35 na tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya ƙara wani abu mai muhimmanci: baya ga diyya, a ba mutum haƙuri a bainar jama'a. Togo ta nuna za ta iya idan ta so, domin bayan aikin hukumar gaskiya da sulhu da Bishop Nicodème Barrigah ya jagoranta, hukumar sulhu da haɗin kan ƙasa ta HCRRUN ta yi shekaru tana biyan waɗanda rikicin siyasa ya shafa. Ban haƙuri a rediyo, da takardar kotu mai hatimi da ke cewa an wanke wane, da goge sunansa daga kundin masu laifi don ya samu takardar neman aiki, duk ba su kai kuɗin tayar mota ɗaya ta ayarin minista ba. Matsalar kunyar amsa kuskure ce, kuma ba mu kaɗai ke da ita ba: a Ingila sai a 2023, bayan an wanke Andrew Malkinson da ya yi shekara 17 a ɗaure, aka soke ƙa'idar cire kuɗin ci da kwana na kurkuku daga diyyar wanda aka zalunta.

Saura masu cewa wasan kwaikwayo nishaɗi ne, mai kallo ramuwa yake so, ba zai zauna kallon mutum yana neman mai ba shi bashin buhun shinkafa ba. A Janairun 2024 tashar ITV ta Birtaniya ta nuna Mr Bates vs The Post Office, kashi huɗu kacal, kan ɗaruruwan masu riƙe da ƙananan gidajen waya da aka gurfanar tsakanin 1999 da 2015 bisa zargin sata, alhali manhajar kwamfuta ce ke ɓata lissafi. Jaridu sun yi shekaru suna rubuta labarin. Da aka ga mutanen a allo, maƙwabta na ƙaurace musu, gidajensu na salwanta, cikin kwanaki firaminista Rishi Sunak ya yi alkawarin doka, a watan Mayu majalisa ta soke hukunce-hukuncen a dunƙule. Babu bindiga a shirin, babu ramuwa. Mai kallon Hausa ma ba baƙon irin wannan labari ba ne: Daɗin Kowa na Arewa24 ya yi shekaru yana riƙe da gidaje daga Kano har Lome da al'amuran haya da aure da bashi da zaman unguwa. Marubucin da ya iya wannan zai iya rubuta dillalin da ya dawo bayan shekara biyar, ya tarar yaronsa ya gaje kwastomominsa, 'yarsa an fasa aurenta, mai gidansa yana amsa sallamarsa amma ba ya ce masa zauna. Rikicin da ke cikin wannan ya ishi zango uku, kuma kowane mai kallo zai ga kansa a ciki, a matsayin maƙwabcin da ya yi shiru.

Har kafin gwamnati ta motsa, Zongo na da kayan aikinsa. Yana da Sarkin Zongo da dattawa, da limaman Juma'a, da ƙungiyoyin mahauta da direbobi da 'yan kasuwa, da asusun zakka, wadda Alƙur'ani ya sa masu bashi cikin masu cin ta. Yadda aka ji labarin kamu a kowane zaure, haka ya kamata a ji na wankewa: liman ya faɗa bayan sallah cewa kotu ta sallami wane, ba a same shi da laifi ba. Wanda ya yi shaidar ƙarya a kira shi gaban dattawa ya janye maganarsa a inda ya yaɗa ta, ya biya abin da zai iya. Masu bin bashi a zauna da su a tsara biya. Ƙungiyar sana'arsa ta mayar masa da gurbinsa, mai gida guda ya ɗauki nauyin ba shi kaya na farko. Masu rubuta mana wasanni kuma su sa kyamara a wannan zama, domin abin da mutane suka saba gani a allo shi suke ɗauka al'ada. Al'ummar da ta iya tattara kuɗin beli cikin dare ɗaya ba ta da uzurin barin mutum ya shekara yana yawo babu mai ba shi amanar jaka goma.